Sawun da Mamaci Ya Bari a Faifai

Ranar Litinin, 1 ga Janairun 2007, ana tsakiyar hidimar Babbar Sallah, ƙanshin suyar naman layya bai bar lungunan Azare ba, sai labari ya fara yawo daga tasha zuwa teburan masu shayi: mota ta yi hatsari da 'yan fim a kusa da gari, kuma Ahmad S. Nuhu ya riga mu gidan gaskiya. Yana kan hanyarsa ce ta zuwa Maiduguri wasan Sallah. A wancan lokaci babu WhatsApp, Facebook kuma bai iso hannun talaka ba, amma cikin ɗan lokaci wayar salula da rediyo suka kai labarin Kano da Kaduna da Jos, har Maraɗi da Damagaram. Mutanen da ba su taɓa ganinsa ido da ido ba suka yi kuka kamar ɗan ɗakinsu ne ya tafi. Ya bar matarsa Hafsat Shehu, ita ma 'yar fim, ta shiga takaba da ƙuruciyarta.

Ahmad ba ɗan Azare ba ne. Wucewa ya zo yi, kamar yadda motoci ke wucewa dare da rana a kan wannan hanya da ta taso daga Kano ta bi Wudil da Kiyawa da Jama'are, ta ratsa Azare ta nufi Potiskum da Damaturu. Ƙasar Katagum ta daɗe da sanin baƙon da ya zo wucewa ƙasa ta riƙe shi. Tun kafin a mayar da fadar masarautar daga tsohon garin Katagum zuwa Azare a 1916, ayarin fatake tsakanin Kano da Borno ta nan yake bi. A farkon 1824, zamanin Sarki Ɗan Kauwa, wasu Turawa biyu, Hugh Clapperton da likita Walter Oudney, suka iso Katagum daga Kukawa za su Kano. Oudney ya taso da ciwo a jikinsa, kuma a watan Janairun nan ya cika a wani gari da ake kira Murmur, ba da nisa da Katagum ba, yana da shekara 33. An haife shi a Sikotilan, aka tona masa kabari a ƙasar Malam Zaki, wanda ya kafa masarautar Katagum. Ayar ƙarshe ta Suratu Luƙman, wadda ta sanar da mu cewa babu ran da ya san ƙasar da zai mutu a cikinta, ba ta buƙatar dogon tafsiri ga wanda ya tashi a bakin irin wannan hanya.

Shekara huɗu kafin rasuwar Ahmad, masu kallon fina-finan Hausa sun riga sun ɗanɗani irin wannan ɗacin, kuma har yau akwai matan da in an ambaci sunan sai sun yi ajiyar zuciya. Balaraba Muhammad, 'yar Kaduna, tauraruwarta na tsakiyar haskawa lokacin da ta amince ta auri abokin sana'arta Shu'aibu Lawan, wanda aka fi sani da Kumurci, mutumin da 'yan kallo suka saba gani a matsayin mugu ko ɗan daba. Aure ne da aka yi ta zancensa. A watan Maris na 2003, cikin kwanakin bikin, lallen amarci bai goge daga hannunta ba, ta rasu a hatsarin mota a kan babbar hanyar da ta haɗa Kano da Kaduna. Shekarun da ta yi a gaban kyamara 'yan kaɗan ne, ana iya ƙirga su da yatsun hannu ɗaya. Yarinyar da aka haifa a shekarar da ta rasu yanzu ta isa ta yi goyo, amma Balaraba na nan yadda take, da murmushinta da ɗaurin ɗankwalinta, ba ta ƙara ko kwana ɗaya ba.

Bayansu jerin ya yi ta tsawo. Hauwa Ali Dodo, wadda ake kira Biba Problem, ta rasu a hatsari a hanyar Jos ranar 1 ga Janairun 2010, shekara uku cif bayan Ahmad. Lil Ameer, yaron Kano mai waƙar gambarar zamani, shekararsa 14 kacal lokacin da hatsari ya yi ajalinsa a Satumban 2017. Kamal Aboki mai barkwanci ya rasu a Janairun 2023 yana dawowa daga Maiduguri. Mawaƙi El-Mu'az Birniwa kuwa ƙwallon ƙafa ya buga a Kaduna a Disamban 2024, cikin shagulgulan bikin abokinsa Auta Waziri, daga nan jiki ya ƙi, kafin wani lokaci rai ya yi halinsa.

Duk waɗannan an yi masu wanka, an sa su a likkafani, an ɗauke su a makara, an rufe. Amma duk wanda ya je shagon masu tura fina-finai a kasuwar Azare, ko ya buɗe YouTube, zai same su suna tafiya suna magana. A tsakar gida da daddare, bayan an sauke tukunyar tuwo, wata matar aure za ta miƙa wa surukarta waya ta ce, "Inna, dubi Balaraba." Tsohuwar ta kawo fuska kusa da gilashin, ta ƙura ido, ta ce, "Allahu Akbar, Allah Ya jiƙanta, yarinya mai kunya." Su ci gaba da kallo. A wani gidan kuma, wannan hoton dai, maigida zai ce a kashe, ya ƙara da cewa, "Ku ji tsoron Allah, kuna ƙara mata nauyi a kabari." Inna da maigidan nan duka Musulmi ne, duka kuma tausayin yarinyar suke ji. Tambayar da ta raba su ita ce wadda ke tasowa duk ranar da wani ɗan fim ko mawaƙi ya rasu: abin da ya bari a faifai, yana bin sa kabari ne? In yana bin sa, a matsayin me, kuma wa ke ɗauke da alhakin?

Bai kamata a yi wa maganar maigidan riƙon sakainar kashi ba, domin tana da tushe. A aya ta 12 ta Suratu Yasin, wadda ake karantawa a zaman makoki a gidaje da yawa, Allah Ya faɗa cewa ana rubuta abin da mutane suka gabatar da kuma sawun da suka bari a bayansu. Imam Muslim ya ruwaito daga Jarir ɗan Abdullahi cewa wanda ya buɗe wata hanya mai kyau yana da ladanta da ladan masu bin ta, wanda kuma ya buɗe mummuna yana da kwatankwacin zunubin masu bin ta, ba tare da an rage wa kowa nasa ba. Suratun Nahli ma ta yi maganar waɗanda za su ɗauki kayansu cikakke su ƙara da wani abu daga kayan waɗanda suka ɓatar. Daga nan malamai suka fitar da abin da Bahaushe ke kira zunubi mai gudana, kishiyar sadaka mai gudana. In rijiyar da mutum ya haƙa tana kai masa lada duk lokacin da aka ja guga, babu abin mamaki in rawar da ba ta dace ba tana kai masa akasin haka duk lokacin da aka danna waya. Malamin da ya hau mumbari ya ce wa matasa su yi tunanin abin da za su bari kafin su tsaya gaban kyamara, gaskiya ya faɗa, kuma nasiha ce da mai rai ke iya amfana da ita.

Abin da ya sa tambayar ta yi zafi a zamaninmu shi ne sawun ya daina gogewa. Makaɗin fada na zamanin da, in ya mutu, muryarsa ta tafi da shi, sai abin da yaransa suka riƙe a ka. Da rediyo ya zo, ya adana Narambaɗa da Ɗanƙwairo, ya adana Mamman Shata wanda ya rasu a 1999, amma sai gidan rediyo ya ga dama ake ji. Fim ɗin Hausa na bidiyo, tun daga Turmin Danya na ƙungiyar Tumbin Giwa a 1990, a kaset ya rayu, kuma kaset abu ne mai ajali. Zafin bazara na narkar da shi, ƙurar hunturu na cinye shi, zaren ya naɗe a cikin na'ura a sa biro a juya, wata rana ya tsinke a jefar. Balaraba da Ahmad a wannan duniyar suka yi aikinsu. Lokacin da Balaraba ta rasu ba a ma ƙirƙiri YouTube ba, sai a 2005. Ba ta taɓa tsayawa gaban kyamara da sanin cewa bayan shekara ashirin wani yaro da ba a haifa ba zai yanko minti ɗaya daga waƙar da ta hau, ya ɗora a TikTok, dubban mutane su kalla kafin gari ya waye.

A nan ne maganar maigidan ke buƙatar a auna ta da sauran nassoshi. Alƙur'ani ya maimaita a wurare da dama, a An'am da Isra'i da Faɗir da Zumar da Najmi, cewa babu ran da ke ɗaukar kayan wani. Ƙarshen Baƙara kuma ya tabbatar da cewa ba a ɗora wa rai sai abin da yake iyawa. To, wa ya mallaki fim? A tsarin da masana'antar ta tashi a kai, ɗan wasa ana sallamarsa ne sau ɗaya, a wurin ɗaukar fim ko bayan an gama, wani lokaci ma sallamar ba ta taka kara ta karya ba. Fim na furodusa ne, shi kuma ya kai wa 'yan kasuwa a Ƙofar Wambai ko Bata su buga su rarraba. Ko tana raye, 'yar wasa ba ta da ikon ta ce a janye fim daga kasuwa. Balle yanzu da take ƙarƙashin ƙasa, kuma wanda ya ɗora fim ɗin a intanet ba ta san shi ba, bai nemi izinin kowa ba, shi ke karɓar kuɗin talla. Hannun da ya yanko, da hannun da ya tura, da idon da ya zaɓi ya tsaya a kan wurin rawa ya tsallake wurin nasiha, duk na masu rai ne, masu hankali, waɗanda alƙalami bai sauka daga kansu ba. Mai cewa ana ƙara wa mamaciya nauyi, in ya duba da kyau, sau da yawa nauyin a wuyan mai wayar yake.

Sannan akwai tuba, wadda ba a ɗaukarta a kyamara. Malamai sun yi bayani cewa wanda ya tuba da gaske, ya yi iyakar ƙoƙarinsa wajen gyara abin da ya ɓata, ba a kama shi da abin da ya fi ƙarfinsa. Wa ya san abin da ke tsakanin Balaraba da Ubangijinta a daren da aka sa ta a lalle? Wa ya san abin da Ahmad ya faɗa a sujadarsa ta asubahin ranar Litinin ɗin nan? Wasu malaman wannan zamani ma sun yi fatan wanda ya mutu a hatsarin mota ya shiga cikin waɗanda hadisi ya ba matsayin shahada, bisa ƙiyasi da wanda gini ya rufta wa. Fata ne, kuma fatan alheri ga Musulmin da ya mutu shi ne asali.

Ko kayan da ke cikin faifan ma ba a taru an zama ɗaya a kansu ba. Kiɗa da waƙa tsohuwar mas'alar saɓani ce. Mafi yawan malaman mazhabobi sun tsananta a kan kayan kiɗa, Ibn Hazm na Andalus ya halatta, Imam Gazali ya ware babi guda a Ihya'u yana rarrabe wanda ya halatta da wanda ya haramta gwargwadon abin da ake faɗa da halin mai sauraro. A nan gida, Shehu Usmanu da ƙaninsa Malam Abdullahi na Gwandu ba su zama baki ɗaya ba a kan wasu al'amura irin waɗannan, kuma a Najmul Ikhwan Shehu ya ja kunnen jama'arsa kada su yi gaggawar hukunta mutane a kan abin da malamai suka saɓa. Masarautar da Malam Zaki ya kafa da tutar Shehu, har gobe da kakaki da algaita ake raka Sarki hawan Sallah, malamai na cikin ayarin. Wannan bai wanke duk abin da ake yi a fim ba. Akwai rawar da ko a gidan biki uwa ba za ta so ta ga 'yarta a ciki ba, kuma irin wannan ƙorafin ne ya haifar da Hukumar Tace Fina-finai ta Kano a 2001, shi ne kuma ya rusa shirin gina ƙauyen fim a Kofa a 2016. Amma fim ɗaya kan ƙunshi waƙar soyayya ta minti biyar da labarin awa biyu a kan zaluncin kishiya ga maraya, ko ɗan da ya wulaƙanta uwarsa ya ga sakayya. In sawu ake rubutawa, duka ake rubutawa, kuma ma'aunin ba a hannunmu yake ba.

Abin da ya fi damun mai wannan rubutu shi ne abin da harsuna ke yi kafin ƙasar kabari ta bushe. Da zarar an sanar da rasuwar 'yar fim, tun ba a fito da gawa ba, sai a ga waɗanda suka mayar da mutuwarta allon wa'azi: ga ta nan, ina kwalliyar, ina masoyan, yau ta haɗu da abin da ta shuka. Ana ɗora hotonta mafi muni a haɗa da ayar azaba, wai don a tsoratar da saura, alhali wanda ya yi haka shi ne ya fi kowa yaɗa hoton a ranar. Bukhari ya ruwaito daga Nana A'isha hani a kan zagin matattu, saboda sun riga sun isa ga abin da suka gabatar. Muslim ya ruwaito daga Jundub labarin mutumin da ya rantse cewa Allah ba zai gafarta wa wane ba, sai aka gafarta wa wanen, shi kuma aka rushe aikinsa. Bukhari da Muslim duka sun kawo labarin macen banza daga Bani Isra'ila da ta cire takalminta ta ɗebo wa kare ruwa a rijiya, aka gafarta mata. Waɗannan ba ɓoyayyun hadisai ba ne, yaran Islamiyya sun san su. Kuma abin lura, kaifin harshen ya fi sauka a kan mata. Ɗan ƙwallo ya mutu, ba a jin mai cewa a goge wasanninsa. Samuel Okwaraji ya faɗi a filin wasa na Surulere ranar 12 ga Agustan 1989 ana karawa da Angola, yana da shekara 25, aka yi masa mutum-mutumi a ƙofar filin. Namiji ɗan fim ya mutu, a yi ta ambaton kyautarsa da zumuncinsa. Mace ta mutu, sai a fara da gashin da ya fito daga ɗankwali.

Ga kuma wata sheda da addini bai raina ba. Anas ɗan Malik ya ba da labarin gawar da aka wuce da ita sahabbai suka yabe ta, Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ce ta tabbata, aka wuce da wata suka kushe ta, ya sake faɗin haka, sannan ya bayyana masu cewa su ne shaidun Allah a bayan ƙasa. Shekaru sun shuɗe, amma abokan aikin Ahmad S. Nuhu, in sunansa ya faɗo, haƙurinsa da sakin fuskarsa suke fara ambata. Tsohuwar nan da ta kalli waya ta ce Allah Ya jiƙan Balaraba, addu'a ta yi wa Musulmar da ba ta taɓa haɗuwa da ita ba, kuma ba don fim ɗin ba da ba ta san an yi ta a duniya ba. Akwai attajirai da masu mulki da suka rasu a shekarar 2003 waɗanda yau ko jikokinsu sai an tuna masu. Wannan ma sawu ne.

Mutane kan ce wane ya yi gajeren kwana, kamar akwai wasu kwanakin nasa da aka ƙwace. Aƙidar Musulmi ba ta san wannan ba. Hadisi na huɗu a Arba'una, wanda ake haddacewa a kowace Islamiyya daga Azare zuwa Gamawa, ya nuna cewa tun mutum na cikin mahaifiyarsa ake rubuta arzikinsa da ajalinsa da aikinsa, kuma ƙarshen aiki shi ne abin dubawa. Wanda ya tattara littafin kansa, Imam Nawawi, shekara 45 ya yi a duniya, ya rasu a 1277 bai yi aure ba, bai bar ɗa ba, amma yau sama da shekara ɗari bakwai yara na rera hadisansa da yamma. Umar ɗan Abdul'aziz bai cika shekara uku a kan mulki ba. Nana Faɗima ta bi mahaifinta bayan wata shida, tana cikin shekarunta na ashirin da wani abu. Sa'adu Zungur na Bauchi ya rasu a 1958 yana ɗan shekara arba'in da 'yan kai, bai ga 'yancin da ya yi wa faɗa ba, yau jami'ar jiha da ke Gaɗau, nan ƙasar Katagum, sunansa take amsawa. Ba ana jera 'yan fim da waɗannan bayin Allah a sahu ɗaya ba ne. Ana nuna cewa tsawon rai da nauyin abin da aka bari ba tare suke tafiya ba, kuma wanda ya mutu yana da shekara ashirin da biyar ya cika nasa kwanakin daidai da wanda ya kai casa'in. Zafin da ake ji na waɗanda aka bari ne: uwar da ta haɗa kayan ɗaki, angon da ya gyara gida, amaryar da ta cire kayan ado ta sa na takaba.

To, su waɗanda aka barin, me ke kansu? Duk wanda ya taɓa tsayawa jana'iza a ƙofar gida a Azare ya san yadda ake yi. An shimfiɗe makara, an daidaita sahu, kafin liman ya ɗaga hannu sai wani dattijo daga dangi ya juyo ya fuskanci jama'a ya ce, "Jama'a, duk mai bin marigayi bashi ya same ni bayan an dawo daga maƙabarta. Wanda kuma ya saɓa wa, don Allah ya yafe masa." Sai a ji murya ƙasa-ƙasa daga sahu, "Mun yafe, Allah Ya yafe mana." Wannan al'ada daga sunna ta samo asali. An taɓa kawo gawa gaban Annabi, ya tambaya ko akwai bashi a kanta, aka ce akwai 'yan dinarai, ya ja da baya har sai da Abu Ƙatada ya ɗauki nauyin biya. Abin da shari'a ta bayyana ƙarara cewa yana riƙe mamaci shi ne haƙƙin mutane, kuma abin da ta bayyana cewa yana isa gare shi shi ne addu'a da sadaka da biyan bashi. A kan sadakar uku da bakwai da arba'in 'yan Izala da 'yan ɗariƙa sun daɗe suna jayayya, amma babu wanda ya yi jayayya a kan a biya wa mamaci bashinsa, a riƙe marayunsa, a duba mahaifiyarsa.

Nan ne ake ganin giɓin. Cikin dubban da ke rubuta a goge, a goge, nawa ne suka taɓa tambayar ko marigayin ya bar bashi, ko 'ya'yansa na zuwa makaranta? Akwai kuma bashin da ke tafiya ta ɗaya ɓangaren, wanda ba a sanar da shi a gaban makara: kuɗin aikin da furodusa bai gama biya ba har ɗan wasa ya mutu, da kuɗin da tsofaffin fina-finai da waƙoƙi ke kawowa yau a intanet. In mawaƙi ya mutu ya bar waƙoƙin da shi ya mallaka, abin da suke kawowa dukiya ce, kuma dukiyar mamaci ta magada ce, Suratun Nisa'i ta raba ta dalla-dalla, ta kuma yi kashedi mai tsanani ga masu cin dukiyar marayu. Wanda ya kwashi waƙoƙin mamaci ya zuba a tasharsa yana karɓar dala, marayu na zaune ba su san ana yi ba, ya fi kusa da wannan kashedin fiye da yadda mamacin yake kusa da zargin da ake yi masa. Wannan mas'ala ce da ta cancanci malaman fiƙihu da shugabannin ƙungiyar masu shirya fina-finai ta MOPPAN su zauna a kanta, amma ba kasafai ake jin ta a mumbari ba, wataƙila don ba ta tara jama'a kamar zancen rawa.

Game da gogewar kuwa, akwai wurin da magana ta ƙare. In iyaye ko miji ko 'ya'yan mamaciya suka roƙi a daina yaɗa wani hoto ko wata waƙa, ko ita da kanta ta roƙa tun tana raye, kamar yadda 'yan fim mata da yawa ke share hotunansu in za su shiga ɗakin miji, to cika wannan roƙo wajibin mutunci ne, kuma suturta Musulmi ibada ce. Wanda ya ga wani yanki da shi kansa ya san bai dace ba, ba sai ya jira fatawa ba, ya goge daga wayarsa, kada ya tura, kada kuma ya tsaya yi wa gawa huɗuba. Abin da ya rage na labari mai ma'ana, wanda iyalan ba su ƙi ba, barinsa bai zama cin amanar mamaci ba. Tarihin mutane ne. A cikin waɗannan tsofaffin fina-finai ne kaɗai matashin yau zai ga yadda titunan Kano suke kafin a hana acaɓa, da yadda ake ɗaurin ɗankwali a 2002, da irin Hausar da iyayensa suka yi zance da ita.

Hanyar da ta ci Ahmad ta sauya kama. An mayar da ita tagwaye, motocin Borno da Yobe na shararawa a kanta, masu tsire da masu kankana na tare fasinja a bakin tasha. Yawancin yaran da ke tallar ruwa a wurin ba a haife su ba a 2007. Amma a cikin motar haya mai zuwa Potiskum, in wani fasinja ya kunna tsohon fim a waya, na kusa da shi ya leƙo ya ga fuskar, yakan ce, "Ai a nan wajen ya rasu." Direba ya ɗan rage gudu ko bai rage ba, wata Hajiya daga kujerar baya ta ce a yi masa Fatiha, sai a ga hannuwa sun ɗago, har da na yaron mota da ke maƙale a bakin ƙofa.